Marayan da Baba ya yi wa ta'aziyya

Shekara tara ke nan da rasuwar Baba, shekara tara kuma ban saka faifan nan ba. Yana cikin akwati, ina tsoronsa.

Na saye shi a shagon tsofaffin kaya a Paris, ina ɗaliba. Faifan farko ne na wasu samarin Amurka huɗu masu kiɗan da ake kira emo, tun ba wanda ya san su. Jita tana ƙara, mawaƙin yana ihu, muryarsa tana karyewa.

Baba ɗan Maraɗi ne mai shagon shadda a unguwar Guillotière ta birnin Lyon. A wani hutu Baba ya zo Paris sarin kaya, na biyo motarsa zuwa Lyon, na yi ƙarfin hali na saka faifan. Na zaci ta taga zai jefar da shi. Sai ya rage sauti, ya kasa kunne.

"Ɗiyata, wa ya rasu mishi?"

Na ce, "Ba kowa, Baba. Budurwa ce ta bar shi."

"A'a. Wanga kuka ya hi na budurwa. Yaron ga maraya ne." Da waƙar ta ƙare ya dubi rediyo ya ce, "Allah ba ka haƙuri, samari."

Na yi dariya har da hawaye. Tun daga ranar in mun hau hanya sai ya ce, "Sa muna maraya." Bai ji kalma ɗaya ta Ingilishi ba, amma bai taɓa barin waƙa ta ƙare ba gaisuwa ba. Abokansa 'yan kasuwa sun yi ta tsokanarsa, ya ce ba a barin mai makoki shi kaɗai.

Kwanan baya na ga hoton mawaƙin a waya, ya yi tumbi da sanƙo, yana murmushi. Da Baba ya gani cewa zai yi, "Madalla, ashe ya yi haƙurin."

Wannan ne ya sa na ciro faifan makon jiya, zan je Lyon ziyarar kabarinsa. Na zaci kuka zai hana ni tuƙi. Na yi kukan kam, amma dariyar ta fi yawa. Waƙar farko ta ƙare, motar ta yi shiru daidai wurin da Baba yake magana. Na dubi rediyo na ce, "Samari, yau ni ce marainiyar. Saura kai ka yi mini ta'aziyya."