Baffa Haruna Bai Naɗe Fiyus Ba

Ranar Laraba da la'asar ina tsince shinkafa a ƙofar ɗakina, a gidan Alhaji da ke unguwar Asata, sai Iya Talatu matar mahauci ta shigo ba sallama, ruwan sama na ɗiga daga mayafinta. Ta durƙusa, ta janye farantin daga cinyata ta ajiye gefe, sannan ta ce, "Dije, sai haƙuri. Baffanki ya cika a asibiti." Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Kwana ɗaya da wuni ya yi yana fama da ƙuna kafin Allah ya karɓi abinsa.

Malam Haruna Direba ƙanin mahaifina ne. Shi ya je Zariya ya ɗauko ni ina 'yar shekara bakwai bayan rasuwar mahaifina, ya kawo ni Enugu a jirgin ƙasa, ya damƙa ni a hannun matarsa Inna Hajo. Shekara goma sha huɗu yana tuƙa motar Alhaji, dillalin shanun da kowa a unguwar nan ya sani, wanda ba sai na kama sunansa ba. Yau saura kwana uku a yi sadakar arba'in, kuma na rubuta wannan ne don a karanta a wurin.

Ba zan ƙawata shi ba, domin shi kansa ba zai yarda ba. Baffa mutum ne mai zafi, mai kaifin harshe, kuma ban tuna ranar da ya yaba mini ba. Ya sa ni a elementare ne kawai don wasiyyar yayansa. Ƙananan littattafan labari da nake roƙon fatake su sayo mini daga Arewa kuwa, ganinsu yake kamar ƙwai ya ruɓe a ɗaki. In ya tarar da ni na zurfafa a ɗaya, sai ya tsaya a kaina ya ce, "Malama, yau kuma ɗan wane sarki ne zai zo ya ɗauke ki? Ki ce masa ya biyo da tsintsiya, tsakar gida na jira." Wata rana ya yage shafin ƙarshe na wanda na fi so ya goge ƙarfen awon mai da shi. Har yau ban san yadda labarin ya ƙare ba, kuma na daɗe ina riƙe da shi a zuciya.

Amma da idonsa ya fara rauni, ni ya riƙa kira in mota ta yi gardama. Motar tsohuwa ce, baƙa, ta girmi 'yancin kai da shekaru masu yawa, wani Bature ne ya sayar wa Alhaji da zai koma gida. Idan hon ya ƙi kuka, ko abin share gilashi ya tsaya cak, wasu direbobi sai su hau kwance-kwance. Baffa kuwa sai ya kashe mota, ya zare makulli, ya ɗaga bonet, ya cire wayar batir, sannan ya nuna mini bangon ƙarfe da ya raba inji da mazaunin direba. A nan ne ɗan baƙin akwati yake, bai fi kwalin ashana biyu ba. In an ɓalle murfinsa, fiyus biyu ne ke aiki, biyu kuma na ajiya a tsaye a gefe. Kowanne ɗan kwalba ne kamar gaɓar yatsa, da hular ƙarfe a kowane kai, da siririyar waya a ciki, da 'yar takarda mai lamba.

"Zaro shi a hankali, ba haƙori kike cirewa ba," in ji shi. "Ɗaga shi sama, rana ta ratsa. Me kika gani?"

In wayar tana nan a miƙe, yana da rai, sai dai a goge hulunan da yashi in sun yi tsatsa. In ta tsinke, ko kwalbar ta yi baƙi, ya mutu. Sai in karanta masa lambar, shi kuma ya sa wani mai lamba ɗaya sak. Na talatin da biyar ba a ba shi na hamsin don wai ya fi ƙarfi. Idan na karanta daidai sai ya ce, "To, ga amfanin bokonki ke nan gaba ɗaya." Wannan shi ne abu mafi kusa da yabo da na taɓa ji daga bakinsa.

Yana da maganganu da ba ya gajiya da maimaita su. Yakan ce, "Fiyus shi kaɗai ne a mota ya yarda ya mutu don saura su rayu." Yakan kuma ce, "In ya mutu sau ɗaya, tsufa ne. In ya mutu sau biyu, ƙara yake kawo maka, sai ka bi waya ka ga inda ta goge." Abin da ya fi tsana a duniya shi ne dabarar 'yan tasha, ta naɗe mataccen fiyus da farar takarda mai ƙyalli ta cikin kwalin taba a mayar. Wuta za ta dawo, hon zai yi kuka, amma ranar da waya ta taɓa ƙarfe babu abin da zai tsinke, sai dai wayar ta yi ja ta kama. "Wanda ya yi haka ya ɗaure bakin mai gadi ya kwanta," in ji Baffa. Ya taɓa ɗaga bonet ɗin wata motar haya a tashar Ogbete ba da izinin kowa ba, ya zaro takardar ya nuna wa fasinjoji, ya ce duk mai son 'ya'yansa ya sauka. Suka sauka. Direbobin tasha ba su yafe masa wannan ba, kuma shi bai nemi su yafe ba.

Bara aka aurar da ni ga ɗaya daga cikin yaran Alhaji, mai kai shanu mayanka. Aka ba mu ɗaki a gidan Alhaji, tagarsa tana kallon farfajiyar da ake ajiye mota. Daga wannan tagar na ga abin da zan faɗa.

Ranar Talata da hantsi, hadari ya haɗu. Alhaji zai tafi Onitsha da wani baƙo, suna so su riski jirgin fito kafin ya tsallaka. Baffa ya gwada abin share gilashi, ya ƙi motsi. Ya buɗe akwati, ya sa fiyus na ajiya, ya mutu. Ya sa na ƙarshe, ya kunna, abin ya share sau uku ya tsaya.

"Alhaji, akwai wayar da ta goge," in ji Baffa. "A ba ni awa ɗaya in je kasuwa in sayo fiyus da tef, in bi ta."

"Awa ɗaya? Jirgin ubanka ne da zai jira ni? Naɗe shi mu tafi, Haruna, kowa haka yake yi."

"Ni ba kowa ba ne."

"Kai ne ka ƙera motar?"

"Ni nake tuƙa ta, ranka ya daɗe. Kuma kai kake zama a ciki."

Baƙon ya yi dariya, Alhaji bai yi ba. Baffa ya hau kekensa ya nufi kasuwa. Yana fita, Alhaji ya tattare hannun babbar rigarsa, ya zaro kwalin taba daga aljihu, ya yago farar takardar, ya naɗe mataccen fiyus ɗin da Baffa ya ajiye a kan mudigar, ƙarfen da ke rufe taya, ya tura shi a gurbi, ya mayar da murfi, ya rufe bonet. Da hannunsa ya yi. Baffa goro yake ci, bai taɓa sa taba a baki ba, kuma duk gidan nan an san aljihun da kwalin yake kwana.

Da Baffa ya dawo, yayyafi ya fara, Alhaji da baƙonsa suna zaune a baya, inji na aiki, abin share gilashi na kai da kawowa. Alhaji ya leƙo ya ce ya karɓo sabo a wurin direban maƙwabci, kuma wayar ma an duba. Baffa ya kai hannu ga bonet.

"In ka buɗe bonet ɗin nan, ajiye makullin," in ji Alhaji. "A gaban baƙo za ka ƙaryata ni?"

Baffa ya tsaya, hannunsa a kan ƙarfen. Sannan ya janye, ya shiga. A sanina, sau ɗaya ke nan a rayuwarsa ya ɗauki maganar mutum a kan mota bai duba da idonsa ba.

Ni kuwa ina tsaye a bayan labule da littafi a hannu, yatsana a shafin da na tsaya. Na san abin da takardar nan take yi, shi ya koya mini. Amma amarya ce ni, a kulle, a gidan ubangidan mijina. Ban taɓa jin matar aure ta ɗaga murya ta taga ta kira maza a farfajiya ba, balle ta ce Alhaji ya yi ƙarya. Na ce a raina in sun dawo zan aika masa. A littattafan da nake karantawa, yarinya takan yi ihu a kan lokaci. Ni na ji kunya, na koma na zauna, na ci gaba da karatu.

A hawan dutsen nan mai kwana-kwana da ke bayan gari hayaƙi ya fara fita daga ƙarƙashin sitiyari. Masu haƙar kwal da suka gani daga gefen hanya sun ce direban ya kauce wa kwazazzabon da ke ɗaya gefen, ya manna motar da jikin dutse, ya fito ya zagaya ya fizgo ƙofar baya da ta cije, ya fitar da fasinjojinsa biyu. Sannan ya koma ya ɗaga bonet don ya cire wayar batir. Fetur ya kama, rigarsa ta kama. Inna Hajo ta ce a asibiti tambayarsa ta farko ita ce ko Alhaji ya ji ciwo. Daga baya ya ce, "Da na buɗe." Bai ƙara kama sunan kowa ba.

'Yan sanda sun sami ragowar takardar a cikin akwatin. Alhaji ya shaida musu aikin direbansa ne. A zaman makoki ina daga ɗakin mata na ji shi yana maimaita wa masu gaisuwa, da murya mai laushi, wai Haruna ya tsufa, ido ya tafi, ya gargaɗe shi bai ji ba, amma shi ya yafe masa motar. Mutane suna cewa Allah ya saka wa Alhaji da alheri. Mutumin da aka fizgo daga wuta ke nan, ko gefen rawaninsa bai ƙone ba. Baƙon ya koma garinsu washegari bai ce uffan ba, shi ma Allah yana ganinsa. A tasha kuwa abin ya zama na raha, wai mai wa'azin takardar taba ga shi takardar taba ta ci shi. Inna Hajo tana takaba tana jin wannan ta bakin masu kawo mata abinci, 'ya'yanta biyar suna ji a hanyar makaranta. Baffa bai bar gida ba, bai bar gona ba. Abin da ya bari shi ne an san ba ya ha'inci a aikinsa, shi ne kuma aka ƙwace tun kafin ƙasar kabarinsa ta bushe.

Sati uku ina riƙe da maganar kafin na gaya wa maigidana. Sai ya tambaye ni:

"Kin tabbata da idonki kika gani? Ba a littafi ba?"

"Da idona."

"Kin san ɗakin nan na waye. Kin san shanun da nake korawa na waye. In kika faɗa, ranar za mu kwana a waje."

"Na sani."

"Kuma za a ce me ya hana ki magana tun a lokacin."

"Su ce. Gaskiya ne."

Kwana biyu bai yi mini magana ba, abinci ma a waje ya ci. A na uku ya shigo da igiya da buhuna biyu, ya ce ya aika wa yayansa da ke yanka a Diobu ta Fatakwal, akwai rabin ɗaki. Ya fara ɗaure tabarmi. Bai dube ni ba ya ce, "Ki rubuta da manyan baƙi. Karatun bokona ba ƙarfi, kuma ba na so in yi tuntuɓe a gaban Alhaji."

Saboda haka, jama'ar Asata, da liman, da direbobin tasha in kun zo cin sadaka: Malam Haruna Direba bai naɗe fiyus ɗin nan ba. An nemi ya naɗe ya ƙi. Wanda ya naɗe yana zaune a cikinku, a sahun gaba. Ni Dije na gani, na yi shiru, kuma nawa kason na alhakin ina ɗauke da shi. Alhaji kuwa ban yafe masa ba, ba kuma nawa ba ne in yafe, na marayu ne da uwarsu.

Ya Allah, bawanka Haruna ya zo maka da ƙuna a jikinsa, ka sanya ta zama iyakar wutar da za ta taɓa shi. Ka yafe masa zafin harshensa, ka yalwata masa kabari, ka haɗa shi da yayansa a Aljanna. Ka ba Inna Hajo haƙuri, ka raya 'ya'yansa biyar, ka sa su ɗaga kai in an kira sunan ubansu. Ka gafarta mini shirun da na yi, ka sassauta wa maigidana hanyar da ya ɗauka saboda ni. Mu kuma in tamu ta zo, ka sa mu cika da imani. Amin.