Muryar Mace a Faifan Maigidana

Maigidana ba ya jin ko kalma guda ta yaren Tamil, amma a Gummi shi ne mai fassara finafinansu. Gusau yake zuwa, shagon intanet, ya sauko da tsofaffin finafinan kudancin Indiya, irin na jarumai masu gashin baki, ya dawo ya ɗora musu Hausa daga kansa. Ya dubi fuskar mutum kawai ya yanka mishi magana. Faifan har kasuwannin Anka da Bukkuyum ake kai su.

Muryar mata ce ta gagare shi, sai ya lallaɓo ni. Da hantsi, in yara sun tafi makaranta, mukan rufe ɗaki, in yi kukan uwar jarumi, in yi tsiwar budurwa. Wallahi na iya, kuma daɗin abin nake ji. Ba wanda ya sani, ko Inna mahaifiyata.

Ranar wata kasuwa ƙanen maigidana ya faɗo gida ba ko sallama. Wai jami'ai sun zo daga Gusau da 'yan sanda, sun kwashe faifai buhu biyu, sun tafi da yayansa kan laifin satar fasaha. Innalillahi! Tuwon da nake tuƙawa a nan ya ƙone. Sai ya ƙara da cewa sun kunna faifan, suna tambayar wace ce macen, don ita ma da hannunta a ciki.

Na ji tsoro irin wanda ban taɓa ji ba. Babur ya tsaya a ƙofar gida, sai in ruga ɗaki in ɓuya. Na daina ɗaga murya ko a kan yara, kar maƙwabta su gane. Ina goyon 'yar wata biyar, tunanina kullum wa zai shayar da ita in sun tafi da ni. Ga Baba mahaifina, wanda ko dariyata bai yarda a jiyo daga zaure ba.

Ranar shari'a na zumbula hijabi na raɓe a bencin baya. Aka kunna faifan, sai ga muryata tana rusa kuka a cikin kotu, a gaban maza cike da ɗaki.

Alƙali ya dubi maigidana ya ce, "Wace ce wannan?"

Ya ce, "Ni ne, ranka shi daɗe. Maƙe murya nikai."

"To, maƙe mu ji."

Namiji mai gemu, uban 'ya'ya uku, ya dafe ƙirji, ya karya wuya, ya yi kukan tsohuwa da siririyar murya. Ko kusa bai yi kama da ni ba. Amma kotu ta tuntsire da dariya, har ɗan sandan da ke riƙe da shi, wani daga baya ya ce ashe ɗan daudu ne. Alƙali ya share ƙwallar dariya, bai sake tambayar mace ba, ya yanke mishi wata shida.

Da za a fita da shi ya biyo ta gefen bencina, ina jin ƙarar ankwa. Bai yarda ya kalli inda nake ba, don kar wani ya bi idonsa.