Jirgin Da Mai Shi Ya Yafe

Ana sallame sallar asuba munka bar Birnin Kebbi, ni da kawuna da direbansa, cikin motar kawu ta ɗaukar shinkafa. Ni malamin makaranta ne, ba ruwana da harkar mota. An ɗauko ni ne don ina karanta Turanci, kuma takardar da ta tashe mu tana aljihuna.

Ga yadda anka yi. Wata biyu da sunka wuce ana lodi a mashigar kogin Kwara ta wajen Bagudo, sai birki ya saki. Motar ta gangara da baya, ta hau wani jirgin fito da anka jawo kan tudu, ta raba shi biyu. Mai jirgin wani dattijo ne cikin Dandawa, daga wani ƙauye kusa da Illo. Shekara da shekaru shi ke fito da buhunan kawu, kuma in kawu da kansa zai ƙetare, ko ahu bai taɓa karɓa ba. Da kawu ya je ba shi haƙuri sai ya ce, "Alhaji, na yafe." Ya ɗauki filafilinsa ya koma gida.

Kawu kuwa shekara uku yana biyan inshora, a zatonsa wani harajin Nasara ne da ake nuna wa 'yan sanda. Har ya sa rai da munka samu mulkin kai bara za a soke shi. Ni na karanta masa takardar, ni ma ina mamaki: irin tasa ba ta gyara masa mota, ɓarnar da motar ta yi wa wani ita kamfani ya ɗauka. Munka rubuta Kaduna da murna. Amsa ta zo cewa wanda anka yi wa ɓarna bai nemi kome ba, sai ya nema ya sa hannu sannan su duba. Ga kaka ta kusa, lokacin da masu fito ke samun abincin shekara, dattijo kuwa ba jirgi.

Hanyar Kalgo zuwa Bunza gargada ce tsantsa, haƙorana har ciwo suke. A Bunza munka sha furar kwabo biyu wadda a birni sai ka ba da taro. Tutar nan mai kore da fari na rataye a ƙofar makarantar wani gari, rana ta cinye koren. Bayan azahar munka isa Bagudo, anka kawo mana tuwon shinkafa da miyar ɗanyen kifi, na ci har na ji kunya. A mashiga direba ya tsaya nesa da gangare, ya sa dutse bayan kowace taya, ya zagaya ya ƙara wasu. Masu fito na kallonsa.

Washegari munka ƙetare munka taka zuwa Illo. Kasuwarta ta ɗaure mini kai. Mace ɗaya za ta gaishe ka da "fofo", ta yi ciniki da Hausa, ta karɓi sule ta ba ka canji da kuɗin Faransi, kuma ba ta cuce ka ba. Ga gishiri, ga atamfar Dahome, ga kifi banda tuli-tuli. Na tambayi wani ina iyakar ƙasarmu da Dahome take. Ya nuna wata tsamiya can nesa, ya ce yana jin nan ce, don gonarsa ta wuce ta kuma ba wanda ya taɓa hana shi noma.

Da munka isa ƙauyensu, mun tarar da dattijon a ƙofar gida yana ɗinke taru, shi ma ba nasa ba. Yanzu ƙodago yake yi a jirgin wani, ranar da anka kira shi. Da munka gama gaisawa na fito da takarda.

"Baba, so muke ka ce a biya ka jirginka."

"Malam, gaban mutane na ce na yafe. Ni da furfurata in koma in lashe amaina?"

Kawu ya ce, "Ba aljihuna za a taɓa ba."

"Mota taka ce, Alhaji," in ji shi, ya ci gaba da ɗinki.

Wallahi raina ya ɓaci. Mun sha gargadar yini guda, ga haƙƙin mutum a ƙasa, shi kuma ya ƙi sunkuyawa ya ɗauka. Na zauna ina juya takardar, sai wata tambaya ta faɗo mini.

"Baba, wa ka yafe ma?"

"Alhaji."

"Kamfani fa?"

"Wane ne shi? Ɗan wa ne?"

"Wasu mutane ne a Kaduna. Shekara uku suna karɓar kuɗin Alhaji, bisa alkawarin rana irin wagga su za su tsaya."

Ya aje allurar. "Sun zo sun ba ni haƙuri?"

"A'a."

"To wanda bai roƙe ni ba, ban yafe mai ba. Kawo takardar."

Takardar ta tambayi shekarun jirgin. Wani maƙwabci ya matso ya ce a rubuta sabo ne, wa zai zo ya gani? Na ce a yadda na karanta, ba riba suke bayarwa ba, mayar da mutum suke inda yake da safiyar ranar kafin ɓarna. Dattijon ya ce haka ma ya kamata. Ya ce in rubuta ya sayi jirgin shekarar da anka haifi 'yarsa ta fari, ga ta can da goyo, kuma toshi bakwai ne a cikinsa. Maƙwabcin ya tashi ya bar wurin. Na shafa wa dattijon tawadar alƙalamina a babban yatsa ya dangwala.

Shi ya rako mu bakin ruwa, shi ya fito da mu a jirgin da yake wa ƙodago. Da munka sauka kawu ya yi godiya ya juya, yadda ya saba.

"Alhaji," in ji dattijon, idonsa a ƙasa, "wanga jirgi ba nawa ba ne. Ba ni iya yafe maka. Sisi ne."

Kawu ya laluba aljihu ya biya.

Washegari munka iso gida da la'asar, na kai takarda gidan waya. Abin da na koyo shi ne inshora ba ta san haƙuri ba, ba ta san kunya ba, sai an buɗe baki an nema, kuma abin da ka rasa shi za a mayar maka, ba ƙari. Jiya amsa ta zo: za su biya kuɗin tsohon jirgi, wanda zai sayi wani tsoho irinsa kafin a fara yankan shinkafa. Kawu bai ko tambaye ni nawa ba ne. Sisin nan yake ta maimaitawa, ya ce hankalinsa ba zai kwanta ba sai ranar da dattijon ya sake hana shi biya.