Shekaru Biyu da Mushe Ya Ƙara Mini

Duk sa'ad da na ji an buga hatimi a kan takarda, sai gabana ya faɗi kamar ni ake kira. Ka yi mini haƙuri, abin ya daɗe, tun zamanin Faransa, muna yara a Zongon Lome.

Mu biyu aka kai lakwal, makarantar boko, rana ɗaya daga gidanmu, ni da ɗan baffana. Kwana bakwai na ba shi a duniya. A lokacin ba wanda ke da takardar haihuwa a unguwa, shi ya sa mushe, wato malamin ajin, ya ce yaro ya ɗora hannu ta saman kai ya taɓo kunne, daga nan ya ƙiyasta shekaru. Mu kuwa 'yan dogaye ne, mun gado. Ya dube mu ya ƙara mana shekara bibbiyu, ba wanda ya damu.

Sai da muka ci sartifika, takardar gama firamare, abin ya tashi. Damina ce, ruwa ya cika lungunan Zongo, warin kifin Bagida yana biyo iskar teku. Aka ce babbar makaranta ba ta ɗaukar wanda ya wuce ƙa'idar shekaru, mu kuma a takarda mun wuce. Hanya ɗaya ce: babban namiji na gida ya je kotu da shaidu biyu, ya faɗi sunan yaro da ranar haihuwarsa a gaban alƙali, a gyara kafin a rufe rajista.

Mahaifina limami ne, kowa Malam yake ce masa. Ni ne ɗansa na fari, kuma a gidanmu kunyar ɗan fari ba wasa ba ce. Ban taɓa jin sunana a bakinsa ba. Tsaya mini a gaban hukuma aikin baffa ne, baffa kuwa yana Kumasi wajen fataucin goro, ba a sa ran shi sai bayan Babbar Sallah.

Ranar kotu Malam ya sa farar rigarsa, ya ɗauki littafin da yake rubuta haihuwar gida da ajami, ya riƙe hannun ɗan baffana suka fita da ladan da wani dattijo mai sayar da atamfa. Ina zaure ina kallon hannun nan da aka riƙe. Ban taɓa jin ƙyashin wani abu kamarsa ba.

Na je wa kaka da kuka. Tana tsinke zogale, ba ta ko ɗago ba.

"So kake a ce Malam ya tsaya gaban Nasara yana kiran sunan ɗansa? Ka jira baffanka."

Da la'asar suka dawo. Ɗan baffana ya miƙo mini takardar, tawadar hatimin ba ta gama bushewa ba, wai in karanta masa don na fi shi Faransanci. Na kuwa fi shi, wannan ko shi bai taɓa musu ba. Na karanta har inda tafinta ya juya maganar Malam: an haifi yaron ranar da aka raɗa wa wani yaro suna a gidan, kwana bakwai bayan haihuwar wancan. Ga ranar tawa nan a rubuce, daidai, alƙali ya yarda da ita ya sa hannu. Da ita aka gyara tasa.

Baffa ya dawo bayan an rufe rajista da wata guda. Ɗan baffana ya tafi makaranta da akwatin ƙarfe, ya fito akawu, ya gina gida a unguwar Totsi. Ni aka ba ni ma'auni a rumfar atamfa. Bai taɓa yi mini laifi ba, amma na yi shekaru ina sauya hanya idan na hango farar rigarsa ta ofis.

Yanzu tun a asibiti ake rubuta ranar haihuwa, uba ya kira sunan ɗan fari a tsakiyar kasuwa ba wanda zai waiwaya. Jikokina dariya suke yi idan na ba su labarin. Ni ban iya dariyar ba. Malam ya rasu ban tambaye shi ba. Sau ɗaya tak ya yi maganata a gaban jama'a, ita ma tana kan takardar nan cikin akwatin ɗan baffana, ba suna.