Yadda Aka Tuɓe wa Maigidana Kaki

Maigidana kofur ne na 'yan sanda, mai igiya biyu a hannun riga. Tun zamanin En'e ya fara aiki yana ɗan doka, da aka haɗe su da 'yan sandan tarayya aka ci gaba da shi. A shekarun da kuɗin mai ya fara shigowa, kowa na sayen rediyo da sabon keke, muna zaune da 'ya'yanmu a barikin wani ƙaramin gari a ƙasar Kazaure.

Wata ranar kasuwa da damina aka kamo wani saurayi Bafulatani daga wajen Gwiwa, wai shanunsa sun yi ɓarna a gonar wani mai faɗa a ji. Bango ɗaya ya raba tsakar gidanmu da caji ofis, saboda haka duk matan bariki mun ji ihunsa. Kowace ta ci gaba da aikinta. Da la'asar jikin yaron ya rikice, Sufeto, wanda shi ne shugaban ofishin, ya umarci maigidana ya sa shi a mota ya kai shi asibiti Kano. Ba su kai ba. A kan cinyar maigidana ya cika.

Da ya dawo washegari na ajiye masa ruwa, na ce, "Maigida, tsakaninka da Allah, da hannunka a ciki?"

Ya sunkuyar da kai. "Na mare shi da ya ƙi shiga ɗakin tsaro. Wannan kam na yi. Amma wanda ya tattake masa ciki da takalmi, da wanda ya tsaya yana cewa a ƙara masa, kin san su."

Na san su. Sajen ofishin ne da Sufeto.

Dangin yaron ba su haƙura ba, ardonsu ya kai ƙara har Kano. Dole a miƙa wani. Ashe 'yan sanda ba sa kai nasu gaban alƙali da kaki a jikinsa, sai sun fara yi masa tasu shari'ar ta cikin gida sun tuɓe shi. Wani babba ya zo daga Kano da safe, aka shigar da maigidana ba hula ba ɗamara. Shaidu biyu aka kira: Sufeto da Saje. Suka ce shi ya yi dukan, kuma ai a hannunsa yaron ya mutu. Kafin azahar an gama. A gaban ƙananan kurata da shi ya koya wa fareti aka sa reza aka yanke masa igiyoyi, aka ce an kore shi daga aiki. Daga nan aka buga masa ankwa, mutumin da rabin rayuwarsa shi ke buga wa wasu.

Da yamma Saje ya yi sallama a ƙofar ɗakina. "Matar Kofur, sai haƙuri. An ce ku fita daga ɗakin nan kafin Juma'a, na gwamnati ne."

Na ce, "Saje, kai ne za ka faɗa mini wannan?"

Ya ce, "Umarni ne," ya juya.

Ana yayyafi muka loda kaya a amalanke. Matan da muke rabon gishiri da daddawa da su, har da matar Saje da na yi wa wankan jego, duk suka sauke labule. Wata 'yar Kudu ce kawai, matar wani kurtu, ta fito ta kama mini gado, tana kuka tana cewa, "Allah yana gani, Mama." Muka koma Roni, gidan wan maigidana, ɗaki guda aka ba mu kusa da turken awaki.

Shari'ar kotu ta ja har ƙaramar 'yata da ke goye lokacin da aka kama shi ta fara zuwa makarantar allo. Yau a ce alƙali ya tafi hutu, gobe a ce shaidu ba su zo ba, an yi musu canjin wurin aiki. A ƙofar kotun nake haɗuwa da mahaifiyar yaron, wata tsohuwa siririya. Ba mu taɓa gaisawa ba. Wata rana dai ta dube ni ta ce, "Naki dai yana numfashi."

A ƙarshe alƙali ya ce ba a tabbatar da laifin kisa a kansa ba, ya sallame shi. Ba a kama kowa a madadinsa ba. Tsohuwar ta tashi ta kaɗe zanenta ta tafi.

Maigidana ya fito ya rame, haƙoransa sun zube, amma yana da sauran buri. Ya ari babbar riga ya tafi Kano neman a mayar da shi aiki. Ya yi ta sintiri, har wani jami'i ya gaji da ganinsa ya ce, "Malam, kotu daban, aiki daban. Mu ba don kisa muka kore ka ba, don zubar da mutuncin aiki ne." Babu fansho, babu kuɗin sallama.

Ya koma facin keke a gindin wata tsamiya a bakin kasuwar Roni. Can ne wata rana Sufeto ya tsaya da sabuwar mota, ya sami ƙarin girma, ya yi ƙiba. Ya sauke gilashi ya ce, "A'a, Kofur! Kana nan?" Ina tsaye da kwanon abincin da na kawo, na ga maigidana ya miƙe tsaye cak, hannunsa duk baƙin mai, ya ce, "Ranka ya daɗe." Jikinsa ne ya saba. Da motar ta wuce ya zauna, bai taɓa abincin ba.

A wannan sana'a ya rasu. Wansa ya ce mini in yafe wa kowa, duniya ce. Na ce masa na ji, Yaya. Amma har yau ban yafe ba, kuma ba na jin tsohuwar nan ta yafe mana.