Ƙyalliya, Ƙwaruwar da Yunwa ke Kunnawa

Shekarar da Baba ya faɗo daga saman gini a Hartum ya karye a ƙugu, muna zaune a Dar Salam, can bayan Omdurman, a gidan laka mai gajeriyar katanga. Baba yana kwance a gadon igiya ƙarƙashin rumfa. Umma tana zuwa wankau gidajen mutane, wata rana ta samo, wata rana ta dawo hannu Rabbana. Kaka kuwa, mahaifiyar Baba, wadda ƙuruciyarta ta ƙare a cirar auduga a Jazira, ita ke tara mu ni da ƙannena bayan magariba a gaban murhun gawayi.

Wani maraice aka wuni ba a ɗora tukunya ba. Shayi kawai muka sha, shi ma ba sukari. Ƙanina Sale yana ta ƙananan koke-koke, sai Kaka ta gyara zama ta ce, "Ku matso, ga wata tatsuniya na kawo muku, ku riƙe ta da kyau." Muka ce mun riƙe.

Ta ce akwai wata ƙasa bayan ƙarshen kogi, ba ta da wata, ba ta da taurari. A can ne Ƙyalliya take, wata ƙwaruwa mai fiffike irin faɗa-wuta, sai dai ita ba ta bin fitilar kowa. Tana saka ƙwanta cikin audugar ƙasar, wadda baƙa ce wuluk. Tsutsar ta fito ta yi ta cin ganye har ta gaji, ta naɗe kanta da zare ta yi barcin damina guda. Sai ta farka da fiffike masu laushi kamar toka.

"To ga inda Allah ya jarrabe ta," in ji Kaka. "In ta ƙoshi, ba mai ganinta. In yunwa ta kama ta, sai cikinta ya kunnu, shuɗi-shuɗi. Yunwa na ƙaruwa, haske na ƙaruwa. Ta shige ƙarƙashin ganye don kunya, ganyen ma ya haska."

Sale ya daina kuka. Ya ce, "Me take ci?"

"Zuma. Amma in ka miƙa mata kana kallonta, ba za ta taɓa ba, gara ta ƙone. Mutanen ƙasar sun san halinta. In sun hango shuɗi a gindin bishiya, sai su ɗiga zuma a kan dutse, su juya baya su tafi."

Nan Kaka ta yi abin da ba ta taɓa yi ba. Tatsuniya da Hausa take yi mana ko da yaushe, amma sai ta ɗaga murya, ta juya fuska wajen katanga, ta maimaita wannan wurin da Larabci, tun daga yunwar har zuwa dutsen. Mun ɗauka wasa ne, muka yi dariyar Larabcinta mai kauri. Umma ba ta yi dariya ba. Ta tashi ta shige ɗaki.

Bayan katangar nan Hala Sakina take, maƙwabciyarmu mai sayar da shayi, wadda ba ta jin Hausa ko kaɗan. Kafin a kira isha muka ji ƙarar kwano a saman katanga. Ba sallama, ba kowa. Kisra ce, wainar dawa mai faɗi, a naɗe, da miyar kuɓewa mai zafi.

Baba ya yi magana daga kan gadonsa. "Inna, bara kika yi da ni ina raye?"

"Tatsuniya na yi wa jikokina," in ji Kaka.

"Da Larabci?"

Kaka ta miƙe. Ta sauke kwanon ta raba mana. Na ci, ba zan ɓoye ba, har na lashe yatsu, amma kunnuwana zafi suke, don a lokacin na gane abin da ya faru. Kason Baba ta ajiye kusa da gadonsa, ta ce mu koma bakin murhu a ƙarasa labari. Ta zaunar da mu duka muna ba shi baya. Ban tuna yadda Ƙyalliya ta ƙare ba. Kunnena yana baya, ina jin mutumin da ya saba ciyar da gida yana cin abincin maƙwabta a hankali, kada a ji.

Kwanon ya yi ta zuwa har Baba ya fara takawa. Hala Sakina ba ta taɓa ɗaga zancen ba. Ni kuwa in na hango ta a layi sai in sauya hanya, kuma na daɗe ina jin haushin Kaka a raina, ina ganin ta zubar mana da mutunci.

Na girma, na yi aure a unguwar Hajj Yusuf, na haifi nawa. Da abubuwa suka rikice a gari, aikin maigidana ya tsaya, rana ta zo da ba ni da abin ɗorawa. Na yafa mayafi na tafi gidan wata 'yar'uwa da niyyar in faɗa mata. Muka gaisa, ta kawo ruwa, na yi zancen zafin gari da tsadar gawayi. Ta ce, "Lafiya dai, ya uhti, 'yar'uwata?" Na ce lafiya lau. Na tashi na dawo yadda na je.

A hanya na yi ta tunanin Kaka. Ita ma tana da kunya, ta ma fi mu, tsohuwar da ko gishiri ba ta aro. Ta dubi jikokinta, ta ɗauki kunyar gidan gaba ɗaya ta aza a kanta, ta bar wa ɗanta damar yin fushi, ta bar mana damar ƙoshi. Ni da na yi shekaru ina ganin laifinta, na shiga gida da mutuncina cikakke, yarana suka kwanta da shayi.