Masar da Gwaggo ta soya wa Baturiya a Nima

Muna idar da sallar asuba muka bar Kumasi, ni da wani ɗan'uwana, a motar katako mai ɗauke da huhunan goro. Saƙon baki ne ya iske mu cewa an yi wa Gwaggo, ƙanwar mahaifina, rasuwa a unguwar Nima ta Accra. Mai saƙon bai san wanda ya rasu ba, mu kuma a iya saninmu ba ta da kowa a Accra. Mijinta ya daɗe da rasuwa, Allah kuma bai ba ta haihuwa ba.

Ruwa ya tare mu tun kafin Nkawkaw, tamfol ɗin motar kuwa rariya ta fi shi kirki. A Nsawam muka sayi burodi, an ƙara masa kuɗi an rage masa jiki. Da la'asar muka shiga Nima a jiƙe, muna tsallake kwatami har ƙofar gidan. Mata na ta suyar masa, Gwaggo na zaune a tabarma, idanunta sun kumbura.

Ashe wadda ake wa makokin Baturiya ce, 'yar wasan fim daga ƙasar Norway. Shekarun baya ta zo yin fim a bakin teku, aka ɗauki Gwaggo wanki da guga. Tun ana wanki har ya zama ita ke shirya ta, ita ke dama mata koko. Baturiyar ta ba ta labarin cewa tun tana budurwa take wasa, aikin ya hana ta aure da zaman gida. Da sunan Mama take kiran Gwaggo, ranar tafiya kuma ta rungume ta tana kuka, ta ce za ta dawo.

Da fim ɗin ya zo silima, maƙwabta suka ja Gwaggo, wadda ba ta taɓa shiga ba. Da idonta ta ga teku ya ci yarinyar, aka fito da ita aka rufe da mayafi. Malamin unguwa ya ce ba zai yi wa wadda ba musulma ba addu'a ba, amma ba ya hana kowa ciyar da mutane. Shi ne ta jiƙa shinkafar masar sadaka. Maƙwabtan sun san gaskiya sarai, sai dai masa mai zafi ta rufe musu baki.

Raina ya ɓaci, ni kuwa ba na iya haɗiye magana. Na tafi silimar na sami mai nuna fim. Ya yi dariya ya ce, da Hausarsu ta Accra da ba ta raba mace da namiji, "Madam ɗin? Ya sha mutuwa a hannuna, maigida. Ga sabon fim nashi a bango. Mutanen jirgi sun ce yanzu har a talabijin yana wasa."

Na komo da saurina. "Gwaggo, albishirinki."

"Goro," ta ce, murya can ƙasa.

Na zayyana mata komai. Ta daɗe tana kallona.

"Da ranta?"

"Da ranta, Gwaggo, lafiyarta ƙalau."

"Kuma jirage na zuwa daga can?"

"Suna zuwa."

"To."

Ta ce wa matan su ƙarasa suyar tunda ƙullu ya riga ya tashi, ta shige ɗaki ta saki labule. Da safe ba ta fito rakiya ba, daga ciki ta ce mu gai da gida.

Hanyar komawa ta bushe, motar ma ta fi ta zuwa, amma ban iya cin komai ba har Kumasi. Baƙin ciki nake ji, kuma da kaina nake fushi. Abin da tafiyar nan ta koya mini shi ne ba kowace gaskiya ce albishir ba. Na tarar da Gwaggo da 'yar da mutuwa ta hana dawowa, na baro ta da wadda ta manta da ita.